Baƙon Ranar Alhamis a Shagon Mamu Rafakat

Mamu Rafakat wan mahaifiyata ne, kuma shi kaɗai ne a danginmu ake miƙewa tsaye idan ya shigo. Ni idan na shigo, aljihu ake dafewa. Sunana Nomi. Na yi makaranta har aji tara, daga nan muka rabu salin alin, ba ta neme ni ba, ban neme ta ba. Ina da tebur ɗaya a ƙarƙashin matakalar wani bene a titin Hall, nan Lahore, inda nake ɗura wa mutane manhaja a kwamfuta. Ban taɓa sayen ko guda ɗaya ba. Duk layinmu babu wanda ya taɓa saye, har da masu gemu da tabon salla a goshi.

Shagon Mamu yana Urdu Bazar, a wani lungu da ko riksha, keken haya mai ƙafa uku, ba ta iya shiga. Idan ka yi miƙa a ciki sai ka taɓa bango biyu. Kowa a lungun Ustad ji yake ce masa, wato malam, domin shi katib ne, irin mutanen da a da suke rubuta jarida gaba ɗayanta da hannu. Ya sha ba mu labarin ɗakin da suka yi aiki: mutum arba'in a kan tabarma, kowa ya kafa gwiwa ɗaya ya ɗora takarda a kai, ba ka jin komai sai ƙarar alƙalamin kara da tarin masu shan taba. Shugabansu a ɗakin Baba Miraj Din ne. A wurinsa Mamu ya koyi aiki, kuma shekara biyu ya yi yana fiƙe alƙalami yana dama tawada kafin Baba ya yarda ya ja alif ɗaya a gabansa.

Da kwamfuta ta shigo gidajen jarida, cikin wata ɗaya aka naɗe tabarmin nan. Wani ya koma sayar da mangwaro, wani ya kama tuƙin riksha, biyu kuma kawai suka kwanta suka mutu. Mamu ya buɗe wannan shago, yana rubuta katin biki da allon shaguna da rubutun da ake sassaƙawa a dutsen kabari. Yana da shekara hamsin ya koyi kwamfuta da yatsa biyu. Har yau ba ya zama a gabanta sai da alwala, wai sunan Allah yana wucewa ta cikinta sau ɗari a rana.

Shi kuwa Baba Miraj Din gida ya koma ya rufe ƙofa. Shekara goma sha ɗaya yana abu guda: yana rubuta kowane harafi da kowane irin haɗuwa da zai yi da ɗan'uwansa, a kan takarda mai kauri, yana tarawa a akwatin ƙarfe. Cewa ya yi tunda na'ura ce za ta riƙa rubutu, to ta yi da hannun ɗan Adam. Amma ba kowane rubutu ba. Littattafan addu'a yake nufi da na koyon karatun yara, irin waɗanda ake sumbata a ɗora a saman kanta. Ranar da zai rasu ya kama wuyan hannun Mamu ya ce, “Rafakat, akwatin naka ne. Kada ka bari hannuna ya faɗi ƙarƙashin ƙafa.” Maganarsa ta ƙarshe ke nan.

Akwatin ya shekara kusan ashirin a ƙarƙashin gadon Mamu, yana jin tsoron taɓa shi, har ranar da ya buɗe ya tarar gara ta riga shi. Sai ya sayi sikana. Shekara uku yana ɗaukar takardun ɗaya bayan ɗaya yana shigarwa kwamfuta, yana bin gefen kowane harafi da linzami. Inda gara ta cinye, sai ya bar wurin fili. Ya ce shi bai isa ya sa hannunsa a cikin na Baba ba. Da ya gama, takardun sun zama kamar rariya, ga sunayen Allah a jiki suna zubewa gari. Sai ya yi musu abin da ake yi wa takardu masu tsarki. Ya naɗe su a farin ƙyalle da dutse a ciki, ya ɗauki hayar kwale-kwale, ya sake su a tsakiyar kogin Ravi.

'Yarsa, Baji Ruksana, malamar makaranta ce, kuma ita kaɗai ce a gidan ba ta tsoronsa. Ta saya masa filashi ta ce ya kwafe aikin ya ajiye wani wuri.

“In sa a ina?” in ji Mamu.

“A aljihu mana, Abbu.”

“Aljihun da nake shiga bayi da shi?”

“To a gida, a saman kanta.”

“Abu kamar ɗan yatsa. Ya faɗo, 'yarki ta share shi da tsintsiya, ya tafi bola. A'a. Wuri ɗaya yake, wurin da idona yake.”

Ta ce to a ɗora a intanet. Ya tambaye ta a gidan wa intanet ɗin yake, kuma mai gidan yana salla? Nan maganar ta mutu.

Saura aiki ɗaya: a harhaɗa dubban zanen nan su zama haruffan da za a riƙa bugawa da maɓalli. Tsohuwar manhajar zanen da ke kwamfutarsa ba ta iyawa. Sabuwar kuwa, da Baji ta duba farashinta, sai ta cire tabarau ta goge ta sake dubawa. Ta ce akwai wata ta kyauta, halal, sai dai a zauna a koya. Mamu ya ce shi ya tsufa da sabon karatu. Nan ne aka tuna da akwai ni a dangi.

Na zo da rana tsaka, da filashina a rataye a wuya kamar laya.

“Mamu, an ce likita kake nema.”

“Ɓarawo nake nema, puttar, aka ce kai ne mafi kusa.” Puttar, wato ɗana, haka yake ce min.

“Haba Mamu. Sata fa sai an ɗauke abu daga wurinsa. Wannan nasu yana nan, namu yana nan. Albarka ce kawai ta sauka.”

“Uwarka ta san kana wa'azi?”

Manhajar ba ta buɗewa sai da mabuɗi, wato dogon layin lambobi da kamfani yake ba wanda ya saya. Mu kuma muna da ɗan abin da muke kira kijen, ka danna ya haifo maka mabuɗin ƙarya. Wanda nake amfani da shi kullum bai ci wannan sabuwar ba, don haka a nan take na sauko da wani daga wani shafi da ban taɓa shiga ba. Ina buɗe shi mai gadin kwamfutar ya yi ja, ya fara ihu cewa akwai cuta a ciki.

“Me yake cewa?”

“Kishi ne, Mamu. Duk haka suke yi. Kamfanonin 'yan gida ɗaya ne.”

Na kashe mai gadin. Na yi haka ya fi sau dubu, hannuna ma ya saba, ba sai na duba ba. Wani ɗan akwati baƙi ya fito da hoton ƙoƙon kai yana dariya, da wani ɗan kiɗa siriri kamar na motar wasan yara da batirinta ya kusa mutuwa. Mamu ya ja kujerarsa baya.

“Wane ne ya yi wannan abin?”

“Wani bawan Allah.”

“Me aka ba shi?”

“Ba komai. Kyauta yake rabawa.”

“Mutum ya zauna ya ƙera mabuɗin gidan wani, ya raba wa duniya, bai nemi komai ba?”

“Akwai mutanen kirki har yanzu, Mamu.”

Na danna, mabuɗi ya fito, manhaja ta buɗe. Ya saya min shayi da samosa biyu, ya ce in daina saka wando mai yagaggiyar gwiwa. Na tafi. Ban kunna mai gadin ba, don in na kunna zai cinye kijen ɗin, manhajar ta sake kullewa.

Bayan kamar wata biyu Baji Ruksana ta zo teburina da kanta, abin da ba ta taɓa yi ba. Ta tsaya nesa kaɗan kamar teburin yana wari.

“Nomi, me ka sa wa Abbu a na'ura?”

“Lafiya da tsawon rai, Baji.”

“Bar shirme. Ya canza. Duk ranar Alhamis sai ya sa Ammi ta dafa kir na shinkafa da madara ya tafi da shi shago. Mai shayi ya ce min kofi biyu yake karɓa, alhali shi kaɗai ne. Bayan la'asar ya ja ƙofar shago rabi, ya kunna turaren tsinke. Jiya na ji shi a banɗaki yana alwala yana dariya.”

“To dariya laifi ce?”

“Rabon Abbu da dariya tun bikina, shi ma don angon ya faɗi daga kan doki ne.”

Alhamis ta gaba na rufe teburina da wuri na tafi. Na sunkuya ta ƙarƙashin ƙofar na shiga. Hayaƙin turare ya cika shagon. Mamu yana zaune a ƙasa a kan darduma, ya bar kujerar kwamfuta babu kowa, ya ɗan juya ta tana fuskantar allon. A kan tebur ga kofin shayi yana tururi, ga ƙaramin kwanon kir an rufe da faranti. Da ya gan ni bai yi faɗa ba. Ya sa yatsa a baki, ya nuna min gefensa.

Ni dai na san kowace Alhamis Mamu yana ajiye aiki bayan la'asar ya yi wa Baba karatu har magariba. Kakarmu ma haka take yi wa nata, tana cewa ran Alhamis da yamma matattu suna zagayowa su leƙa gidajensu su ga ko an tuna da su. Mun taso muna jin wannan, muna kuma cinye kir ɗin da aka dafa domin su.

Na zauna. Minti goma, ba komai. Ina shirin sakin wata maganar banza, sai kibiyar da ke allon ta motsa.

Linzamin yana nan a kan tebur, babu hannun kowa a kai. Na dube shi da kyau. Kibiyar ta taso daga kusurwa a hankali, ta ɗan tsaya, kamar tsohon da ya shigo ɗaki yana jiran idonsa ya saba da duhu. Ta gangara kan jakar da Mamu ya sa wa sunan Baba. Ta buɗe.

“Assalamu alaikum, Ustad ji,” in ji Mamu a hankali, yadda yake gaishe da Baba.

Wallahi na san abin da nake gani. Aikina ne. Na san wani ne a wani wuri yake riƙe da kwamfutar kamar tasa, kuma na san ta ƙofar da ya shigo, tunda ni na buɗe ta na kuma ɗaure mai gadi. Amma sani daban, gashin jiki daban. Duk na hannuna ya miƙe. Kibiyar nan ba ta yi irin gaggawar ɓarayi ba. Ta buɗe zane ɗaya, ta ƙara masa girma har harafin ya cika allon, ta bi lanƙwasarsa tun daga sama har wutsiya, ta tsaya. Ta rufe. Ta buɗe na gaba.

“Ka gani?” Mamu ya raɗa min. “Haka yake duba aiki. Daga kai yake farawa. Makon jiya ya daɗe a kan wani, da na duba sai na ga hannuna ya karkace a wurin. Na gyara. Yau bai tsaya a kansa ba.”

“Mamu, tun yaushe?”

“Mako bakwai. Ran farko ina tsakiyar Yasin na ɗaga kai na gan shi.”

“Ba ka gaya wa kowa ba?”

“In gaya wa wa? Ku da kuke dariya a jana'iza?”

Daga baya na gane dalilin Alhamis ɗin. Mai shigowar yana jiran lokacin da kwamfuta take kunne ba a taɓa ta ba. Mamu kuwa duk mako yana kanta daga buɗe shago har rufewa, ya kashe ya lulluɓe ta da ƙyalle. Lokaci ɗaya tak take daɗewa a kunne babu hannu a kai, shi ne lokacin karatun Baba. Amma a ranar ban yi wannan lissafin ba. Ina kallon tururin shayin nan yana tashi a gaban kujerar da babu kowa, sai na ga kamar kujerar ta ɗan lotsa.

Na ce, “Mamu, bari in zare wayar intanet ɗin. Minti ɗaya kawai, in duba wani abu.”

Ya riƙe min gwiwa. Tsoho ne, amma hannun da ya shekara hamsin yana riƙe alƙalami ba wasa ba ne.

“Baƙo yana ciki za ka rufe ƙofa?”

“Ba Baba ba ne.”

“Wane ne?”

Ga wurin da ya kamata in faɗa. Kalma nawa ce? Ni ne, Mamu, abin da na sa maka ne. Amma na kalli fuskarsa. Mutumin da tun tasowata ban taɓa ganin haƙoransa ba sai in yana cin rake, ga shi yana murmushi kamar yaron da aka ce ya ci jarrabawa. Shekara ashirin yana tsoron ya ci amanar malaminsa, yau malamin ya zo da kansa yana duba aiki yana wucewa. Kuma, in faɗi gaskiya, na tuna da mahaifiyata da takalminta.

Na ce, “Wataƙila linzamin ne ya lalace.”

“Linzamin da ya lalace ya san inda hannuna ya karkace?”

Aka kira magariba a masallacin lungu. Kibiyar ta rufe jakar, ta koma kusurwarta, ta tsaya cak. Mamu ya shafa addu'a, ya buɗe kwanon kir ya miƙo min.

“Ci. Tabarruki ne.”

Na ci. 

Na yi niyyar in dawo washegari in kwafe komai a ɓoye in kunna mai gadi. Juma'a shago a rufe. Asabar na zo, Mamu yana kan kujera bai tashi ba sai salla, kuma da zai fita ya kore ni ya sa kwaɗo. Litinin na ce masa manhajar tana bukatar gyara, ya ce babu mai taɓa na'urar nan yanzu, kada a canza wani abu baƙo ya kasa gane hanya. Talata na je gidan Baji na faɗa mata komai. Ba ta zage ni ba, abin da ya fi zagi ciwo. Ta ce Alhamis za ta nemi izini a makaranta mu je tare kafin la'asar, ita za ta riƙe shi da magana ni in zare waya.

Mun makara da kamar rabin sa'a. Wata zanga-zanga ta tare hanya, muka sauka daga riksha muka ƙarasa da ƙafa. Da muka sunkuya muka shiga, Mamu yana tsaye, bai zauna a darduma ba.

“Yau sauri yake yi,” ya ce, bai ko juyo ba. “Ban san me na yi ba.”

Kibiyar ba ta duba komai. Wani dogon layi kore yana cika a ƙasan allon, ya kusa kaiwa ƙarshe. Kwashewa ake yi. Na yi tsalle na fizge wayar daga bango har da filastar, amma layin ya riga ya cika. Sai zanen suka fara canzawa a gabanmu. Kowane ɗan hoto da ke nuna harafin Baba ya koma fari fat, ɗaya bayan ɗaya, daga sama zuwa ƙasa, kamar ana lulluɓe gawarwaki a jere. Na danne maɓallin kashewa. Kafin ta mutu, wani baƙin akwati ya fito da rubutun Turanci.

“Me ya ce?” in ji Mamu. “Ruksana, me Ustad ji ya ce?”

Baji ta dube ni. “Faɗa masa. Kai za ka faɗa masa.”

Na faɗa. Tun daga mai gadin da na kashe har ƙoƙon kan nan mai dariya. Na ce rubutun cewa yake an kulle komai, a biya a buɗe. Ban saka wasa ko ɗaya ba, karo na farko a rayuwata.

Mamu ya saurara har na gama. Sannan ya ce, “Wato mako takwas ina yi wa ɓarawo sallama.”

“Mamu...”

“Ina dafa masa kir.”

Ya ɗauki kofin shayin, ya fita, ya zuba a gindin bango, ya ɗauraye kofin ya mayar wa mai shayi. Bai mare ni ba. Na so ya mara.

Na kai kwamfutar wurin duk wanda ake ce wa gwani a titin Hall, har da wani mai ido ɗaya a hawa na huɗu da ake cewa yana tayar da matattun na'urori. Kowa ya duba ya girgiza kai. Baji ta rubuta wa adireshin da aka bari a baƙin akwatin, sau uku, ko za a yi magana. Babu wanda ya amsa. Takardun asali kuwa suna ƙasan Ravi.

Mamu ya ci gaba da buɗe shago, yana rubuta katin biki da hannu kamar da. Ya ce da Baji abu ɗaya ne ya sa yake iya barci: aikin ya mutu, amma ya mutu da mutuncinsa, babu wanda ya taka shi. Ni na ga layin nan kore, na san ba mutuwa ya yi ba, tafiya ya yi. Na sake ɓoye masa. Wannan karon ina ganin tausayi ne.

Da damina ta wuce, wata rana ya aiko a kira ni. Na same shi a bakin lungu wurin mai pakora, wani soyayyen abu kamar ƙosai, yana riƙe da takardar da aka naɗe masa pakora a ciki, mai ya jiƙa ta. Tallan wani boka ne mai maganin ƙarfin maza da mallakar zuciyar masoyi cikin kwana uku.

“Karanta,” ya ce.

“Mamu, ni ban kai shekarun bukatar wannan ba.”

“Ba maganar ba. Hannun.”

Ni ba katib ba ne, amma na ga haruffan nan sun cika allo ana bin su daga kai har wutsiya. Na gane su. Hannun Baba Miraj Din ne, mutumin da ya rasu tun kafin wannan boka ya fara sana'a, yana yi wa mutane alkawarin abin da bakinsa bai taɓa furtawa ba.

Mamu ya sa farce a kan wata kalma. “Wannan haɗin gara ta cinye shi. Fili na bari. Ban taɓa ganinsa a takardun nan ba, takardar ta riga ta zama gari kafin in buɗe akwatin.”

“Yanzu na'ura tana iya cike gurbi, Mamu. Ta kalli sauran ta kwaikwaya.”

“Baba yana da wata 'yar rawa a hannu idan ya zo irin wannan gangara, tun da ya karye a hatsarin keke. A wannan haɗin kawai take fitowa.” Ya matso da takardar kusa da idona. “Ga ta nan.”

Na duba. Akwai wata 'yar rawa. 

Cikin wata biyu hannun ya cika gari. Dillalin da yake kawo mana kaya a titin Hall ya zo da sabon filashi mai nau'in haruffa ɗari biyar, ga shi nan a ciki na tara, an sa masa sunan wani fure. Kyauta ake kwafa. Masu buga takardu suka so shi, wai yana da kwarjini. Ya hau bayan riksha, ya hau kwalin shinkafar biryani, ya hau takardar gwanjon takalma da ake cusa wa mutane a hannu su yar bayan taku uku. Ni na goge shi daga nawa filashin, na bi teburan layinmu ina roƙo su goge. Suka ce Nomi ya shiga 'yan wa'azin tabligi, a saya masa hula.

Mamu ya daina karɓar aiki bayan azahar. Ya samo buhun shinkafa ya wanke shi. Yana fita daga Urdu Bazar ya bi titi a hankali, idonsa a ƙasa, duk takardar da ya gani da hannun Baba ya sunkuya ya ɗauka, ya goge ta a rigarsa, ya sa a buhu. Masu shara sun san shi, wasu suna ware masa. Mai pakora ya koma naɗi da jaridar Turanci. Yara suna binsa suna ce masa mahaukaci, ni kuma ina bin yaran. Buhuna sun cika rabin shagon, har kwamfutar ba ta ganuwa.

Ranar Lahadin da ta wuce wani sabon kanti ya buɗe kusa da tashar jirgin ƙasa, suka ɗauko mota da lasifika suna watsa takardun talla masu hannun Baba ta taga. An yi ɗan yayyafi da safe. Da muka iso, titin ya yi fari tun daga shatale-tale har bakin tasha, dubbai, sun manne da laka, mutane da babura da jakuna suna bi ta kai. Mamu ya tsaya a bakin titin ya daɗe yana kallo.

Na ce, “Mamu, wannan ko mu goma ne ba za mu gama ba.”

Ya cire takalmansa ya miƙo min, don kada ya taka. Ya shiga lakar da ƙafa, yana neman inda zai sa yatsunsa tsakanin takardun.

“Riƙe bakin buhun da kyau, puttar,” ya ce, ya sunkuya ya ɓamɓaro ta farko.